Jitar Abzin a Situdiyon Sakkwato: Faifan Farko na Mdou Moctar

Da za a kunna waƙar "Tahoultine" a rumfar mai cajin waya a kasuwar Maƙarfi, ba tare da an faɗi mai ita ba, da yawan masu wucewa za su ɗauka wata tsohuwar waƙar fim ce daga Kano. Gangar ta inji ce, irin wadda kunne ya saba da ita a waƙoƙin nanaye. Muryar ma an bi da ita ta cikin kwamfuta, tana karkarwa tana lanƙwasa yadda maƙogwaron mutum ba zai iya shi kaɗai ba. Sai an kasa kunne sosai za a gane abu biyu baƙi. Harshen ba Hausa ba ne, Tamashek ne na Abzinawa. A ƙarƙashin muryar kuma akwai jita tana zagaye a kan 'yan sautuka kaɗan, ta je ta dawo inda ta faro, ba ta gaggawa.

Waƙar tana cikin kundin Anar, wanda wani saurayi ɗan Nijar mai suna Mahamadou Souleymane ya ɗauka a Sakkwato a 2008. Yau duniya ta san shi da Mdou Moctar, kuma sunan ya zama na ƙungiyar mutum huɗu da ake sa ta a sahun gaba na masu kiɗan rok, wato kiɗan nan mai ƙarfi da ake yi da jitar lantarki da jitar bas da jerin ganguna. Sun yi wasa a manyan dandali na Amurka da Turai, jaridun can suna yawan kwatanta shi da Jimi Hendrix. Amma aikinsa na farko da ya shiga faifai, da kayan aikin mawaƙan finafinan Hausa aka yi shi, a birnin Shehu.

Masu bin tarihin rok ba sa wasa da rikodin farko. Ɗan ƙaramin situdiyon Sun da ke Memphis, inda Elvis Presley ya yi waƙar da ta fito da shi a 1954, ya zama wurin ziyara. Ƙungiyar Beatles ta fara shiga faifai ne a Hambug ta Jamus a 1961, tana yi wa wani mawaƙi Tony Sheridan kiɗa, kuma gwajin da suka yi wa kamfanin Decca ranar 1 ga Janairu 1962, wanda aka saurara aka ce ba a so, har yanzu ana sauraronsa ana gardama a kansa. Dalilin a fili yake: a faifan farko ake jin mawaƙi tun bai san abin da kasuwa za ta nema daga gare shi ba. Anar ya cancanci irin wannan kulawa, kuma Hausawa sun fi kowa dalilin tsayawa a kansa, domin rabin labarin nasu ne.

Ɗaya rabin ya faro ne daga fari. Tsakanin ƙarshen shekarun 1960 da 1974, sannan kuma a 1984, ruwa ya ɗauke a Sahel, raƙuma da awaki suka mutu, Abzinawa da yawa suka rasa abin da rayuwarsu ta dogara a kai. Wasu suka yo kudu. Dattawan Zariya da Kano da Kaduna suna tuna lokacin da masu rawani da takobi suka yawaita a ƙofofin gidaje da shaguna suna aikin gadi, da 'yar butar shayinsu a kan garwashi. Wasu kuma, musamman samari, suka yi arewa, zuwa Tamanrasset ta Aljeriya da garuruwan Libiya, suna leburanci in an samu, suna zaman jira in ba a samu ba. A 1980 Mu'ammar Gaddafi ya kira samarin Abzinawa su zo a ba su horon soja, kuma da yawa suka amsa.

A cikin wannan zaman gudun hijira aka haifi kiɗan jitar Abzinawa. Ibrahim Ag Alhabib, wanda sojojin Mali suka kashe mahaifinsa a boren 1963, ya haɗa jitarsa ta farko da gwangwani da sanda da wayar birkin keke. Shi da abokansa suka zama ƙungiyar Tinariwen. Abin da suka yi shi ne ɗauko tsarin kiɗan gida, irin na gangar tende da mata ke bugawa a kan turmi da na molon tehardent, suka mayar da shi kan jita, suka ɗora masa waƙoƙin kewar gida da kiran a farka. Ba su da kamfanin faifai. Wanda ya kawo kaset marar komai sai su yi masa waƙa a ciki, shi kuma ya ba wani ya kwafa, wancan ya ba direban mota. Haka waƙoƙin suka ratsa hamada shekaru da yawa kafin Turawa su ji labari. Faifansu na farko da ya shiga kasuwar duniya, The Radio Tisdas Sessions, a gidan wani ƙaramin rediyo na Kidal a Mali aka ɗauke shi, ya fito a 2001. A 2012 suka ci kyautar Grammy.

A ɓangaren Nijar, uban wannan kiɗa shi ne Abdallah ag Oumbadougou, mutumin yankin Agadas, mai ƙungiyar Takrist n'Akal. Bayan kisan da aka yi a Cintabaradan a watan Mayu 1990, tawaye ya ɓarke a arewacin ƙasar, kuma kasakasan Abdallah suka zama saƙon 'yan tawaye, ana ɓoye su don a same ka da ɗaya yana iya jawo maka kamu. An sa hannu kan sulhu ranar 24 ga Afrilu 1995. A wannan shekarar ce Abdallah ya shiga situdiyo a ƙasar Benin ya ɗauki Anou Malane, da gangar inji a bayan jitarsa. Wannan yana da muhimmanci ga mai son adalci a tarihi: ba Mdou Moctar ne ya fara haɗa jitar Abzin da kiɗan inji ba. Abin da ya kawo sabo daban ne, kuma daga ƙasar Hausa ya samo shi.

An haifi Mdou a tsakiyar shekarun 1980 a yankin Azawak na jihar Tawa, ƙasar Abalak da Cintabaradan. Gidansu gidan addini ne, ba a kallon kiɗan jita a matsayin abin da ɗan mutunci zai sa kansa a ciki, kallon da duk yaron Arewa da ya taɓa sha'awar waƙa ya san irinsa. Ya ga Abdallah yana wasa a bainar jama'a, abin ya shiga ransa, ya koma ya sassaƙa katako ya ɗaura masa wayoyin birkin keke. Wanda ya san cewa da gwangwanin kifi ake yin cikin kuntigi, irin wanda Ɗanmaraya Jos ya zaga duniya da shi, ba zai yi mamakin wannan ba. Mdou bahago ne, kuma da kansa ya koya, yana sauraro yana kwaikwayo. Daga baya ya bi sahun dubban samarin yankin zuwa Libiya neman aiki, ya yi 'yan shekaru ya dawo, ya shiga sana'ar da ke ciyar da masu jita a arewacin Nijar: wasan biki. A can, aure ba ya cika sai an kafa lasifika a fili, an tayar da janareta, samari sun zo a kan babura, an yi rawa har dare.

Lokacin da ya so ya sa waƙoƙinsa a faifai, arewa ba ta shiguwa da daɗi. Tawaye na biyu ya tashi a Fabrairu 2007 ƙarƙashin ƙungiyar MNJ, gwamnatin Tandja Mamadou ta sa jihar Agadas cikin dokar ta-ɓaci, kuma jita ta sake zama abin zargi. Omara Moctar, wanda aka fi sani da Bombino, sai da ya gudu Burkina Faso a wannan zamani. Kudu kuwa hanya a buɗe take. Daga Abalak kwalta ta zo Tawa, daga Tawa ta gangaro Birnin Ƙonni, a tsallaka iyaka a Illela, kafin a yi tafiyar kilomita ɗari an shiga Sakkwato.

Tsohuwar hanya ce. Ayarin Abzin ya shekara ɗaruruwa yana kawo gishirin Bilma da dabino ƙasar Hausa yana komawa da gero da baƙin yadin Kura, har akwai unguwar Agadasawa a cikin birnin Kano. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da kansa a Maratta aka haife shi, cikin ƙasar Nijar ta yau, kuma ya bi malaminsa Jibrilu ɗan Umaru har Agadas. Hausa ce harshen ciniki a kasuwar Agadas da ta Tawa. Saurayin Azawak da ya sauka a tashar Sakkwato a 2008 ba baƙon wuri ba ne, kuma ba baƙon waƙoƙin da ke tashi daga shagunan kaset ba ne, don finafinan Kano sun riga sun cika gidajen kallo na Nijar.

Sana'ar da ya tarar tana da nata tarihin. Fim ɗin Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa ya fito a Kano a 1990, kuma cikin shekaru goma finafinan bidiyo na Hausa suka zama babbar kasuwa. Masu kallo sun tashi da finafinan Indiya a silima, saboda haka sun saba da labarin soyayya da ake katse shi da waƙa da rawa, kuma haka suka nema a nasu. Matsalar ita ce wa zai yi kiɗan. Makaɗan gargajiya, masu kalangu da kotso da goge, suna da iyayen gidansu da irin waƙoƙinsu, ba su dace da saurayi da budurwa a cikin lambu ba. Sai fiyano ta cike gurbin. Situdiyoyi irin Iyan-Tama suka sayi fiyanon Yamaha mai ɗauke da sautukan kayan kiɗa iri-iri, mutum ɗaya ya zama shi ne mai ganga, shi ne mai sarewa, shi ne mai molo. Fim ɗin Sangaya na 1999 ya nuna irin kuɗin da waƙa ɗaya za ta iya jawowa, kuma daga nan kowane furodusa ya san cewa waƙa ce ke sayar da fim. Muryoyin Misbahu M. Ahmad da Rabi Mustapha da Sadi Sidi Sharifai da Yakubu Muhammad suka shiga kowane gida. Daga Maraɗi ma wata yarinya ta tsallako ta yi suna a Kano, Fati Nijar.

Da kwamfuta ta yi araha, sai sana'ar ta fantsama. Ba sai da babban gini ba: ɗaki ɗaya da aka liƙe bangonsa da soso, kwamfuta mai manhaja irin FruityLoops ko Cubase, fiyano, makirufo, da janareta a waje don wutar NEPA ba abin dogaro ba ce. Irin waɗannan ɗakuna suka buɗe a Kaduna da Jos da Zariya da Katsina da Gusau da Sakkwato. Tsarin aikin ɗaya ne kusan ko'ina. Mawaƙi ya zo ya rera karin waƙarsa da baki, mai kiɗa ya laluba ya gano shi a fiyano, ya ɗora ganga, ya jera sauran sautuka ɗaya bisa ɗaya. Sannan mawaƙi ya shiga ya ba da murya, 'yan amshi su bi, a haɗa, a ƙona a faifan CD. Waƙar siyasa, waƙar amarya da ango, begen Annabi, tallar magani, duk a kujera ɗaya ake yin su, sau da yawa cikin yini guda.

Kuma a kan kusan kowace murya ana shafa Auto-Tune. Wani injiniya Ba'amurke, Andy Hildebrand, ya ƙirƙiro wannan manhaja, kamfanin Antares ya fitar da ita a 1997. Aikinta na asali gyara ne: idan mawaƙi ya ɗan kauce daga sautin da ya nufa, ta ja muryar a hankali ta mayar da ita daidai, ba wanda zai lura. Amma idan aka saita ta ta yi gyaran nan take, sai muryar ta riƙa tsalle daga sauti zuwa sauti babu gangara a tsakani. Waƙar "Believe" ta Cher a 1998 ce ta fara bayyana wannan ga duniya. A Amurka an daɗe ana ɗaukarsa wasa ko rufin asirin marasa murya. A situdiyoyin Hausa kuwa ya zama ado na dindindin, domin mawaƙan nan, da suka gaji jan murya daga waƙoƙin Indiya da na Larabawa, suna bi ta kan sautuka da yawa a gaɓa ɗaya, kuma a irin wannan jan ne manhajar take fitar da karkarwar da ta fi daɗi.

A kan wannan kujera Mdou Moctar ya zauna da jitarsa. Sakamakon abu ne da ba a saba ji ba a wancan lokaci, ko a Agadas ko a Kano. Waƙoƙin jitar Abzinawa na da, muryoyin maza ne a bushe, da tafi, da ƙurar fili a cikin rikodin. A Anar an rage gudu, ganga tana tafiya a tsaye ba ta canzawa, jitar ba ta lantarki mai ruri ba ce, ta katako ce mai taushi, muryar kuma tana shawagi a sama. Yawancin waƙoƙin na soyayya ne da rabuwa. Wanda ya san Mdou na yau kawai, mai sa jita ta yi kuka ta yi tsawa na minti bakwai, zai yi wuya ya gane shi a nan.

Akwai masu ganin Anar a matsayin tuntuɓen farko, kafin mawaƙin ya samo ainihin kansa. Wannan kuskuren sauraro ne. Karin waƙoƙin da suka riƙe shi har yau suna nan cikakku a ciki, kuma "Anar" da "Tahoultine" sun kasance cikin waƙoƙin da aka fi saninsa da su a gida. Abin da situdiyon Sakkwato ya ba shi shi ne bambanci. Masu jita sun yi yawa a Azawak da Ayar, kowa yana bin sawun Abdallah da Tinariwen. Wanda ya zo da sautin finafinan Hausa a bakin Ba'abzine, shi aka tsaya aka saurara.

Kundin bai fito a kasuwa ba yadda aka saba. Babu kamfani, babu kwali mai hoto, babu talla a rediyo. Abin da ya ɗauke shi shi ne wayar salula. Najeriya ta shiga zamanin GSM a Agusta 2001, kuma zuwa ƙarshen shekarun 2000 wayoyi masu araha 'yan Chana, masu lasifika mai ƙara da gurbin memori da bulutut, sun isa hannun makiyayi da ɗan acaɓa. Waƙa ɗaya ta MP3 ba ta fi megabait uku ko huɗu ba, memori mai gigabait ɗaya yana ɗaukar ɗaruruwa. Bulutut ba ya bukatar kati, ba ya bukatar sabis, iyaka wayoyin biyu su kasance kusa da juna, kamar taku goma. A hamadar da babu intanet, wannan ya wadatar. Fasinjoji a bayan babbar mota, masu jiran shayi ya nuna, sojoji a shinge, kowa yana tura wa kowa. Cikin ɗan lokaci waƙoƙin da aka ɗauka a Sakkwato suka kai Kidal da Gawo a Mali, inda ake jin su ba a san fuskar mai su ba.

Mutanen Ikara da Maƙarfi da Kudan ba sa bukatar a yi musu dogon bayanin wannan, don a gabansu sana'ar ta tashi. A da, mai son waƙa sai ya je wurin mai kaset, wanda shi ma daga Ƙofar Wambai ta Kano ko daga Sabon Garin Zariya yake saro kayansa. Da memori ya zo, sai ga sabon mai sana'a, wato mai turi, a bakin kasuwa da tashar mota, a Paki ko Hunkuyi ko Tashar Yari: tebur, tsohuwar kwamfuta, ƙaramin janareta, jerin wayoyi suna caji, lasifika tana kiran jama'a. Saurayin da ya sayar da rake ko kwandon tumatir zai miƙa memorinsa ya ce a cika masa, a sa Nura M. Inuwa da Umar M. Shareef, a sa Shata saboda tsoho, a sa karatun Alƙur'ani da wa'azi. Mai turi shi ne ya zama gidan rediyon ƙauye, abin da ya zaɓa shi ake ji a gona da majalisa. Sana'ar ta karya kasuwar CD, ta jawo wa furodusoshi asara mai yawa, kuma kukan da suka yi gaskiya ne. Amma ita ce kuma ta sa mawaƙin da ba shi da kowa zai iya yin suna daga ɗaki ɗaya. Abin da ta fi cutarwa shi ne suna: waƙa tana tafiya daga waya zuwa waya, sunan mawaƙi ya gajarce ko ya ɓace, na mai kiɗa da na situdiyo kuwa tun a turin farko suke faɗuwa.

A haka wani Ba'amurke ɗan birnin Portland, Christopher Kirkley, ya tsinci "Tahoultine". Ya zauna a Kidal a wajajen 2010 yana ɗaukar kiɗan gargajiya, sai ya lura cewa abin da samari ke saurare na cikin wayoyinsu ne, ya fara musayar waƙoƙi da su. Ya tara wasu ya fitar a kaset, sannan a 2011 kamfaninsa Sahel Sounds ya buga su a faifan garmaho da sunan Music from Saharan Cellphones. Kafin ya buga sai da ya bi sawun masu waƙoƙin ɗaya bayan ɗaya don ya nemi izini ya biya su, aka ware musu kashi 60 cikin ɗari na abin da aka samu. Neman Mdou ya ɗauki lokaci, don ɗan guntun suna kawai ke jikin waƙar. Da aka same shi a waya, bai yarda da farko cewa da gaske wani daga Amurka yake nemansa ba. Kirkley ya zo Nijar daga baya, ya kawo masa jitar lantarki ta Fender wadda aka ƙera don bahago.

Kirkley bai tsaya a nan ba, ya bi sautin zuwa tushensa. Ya zo Kano, kuma a 2013 ya fitar da Harafin So, tarin waƙoƙin finafinan Hausa, har da muryar Fati Nijar a ciki. A 2014 ya buga Anar a faifan garmaho, shekara shida bayan ɗaukarsa, karo na farko da kundin ya samu kwali da suna a jiki.

Daga nan abubuwa suka yi sauri. Afelan ya fito a 2013, an ɗauke shi a Cintabaradan a fili, wani sashe da jitar katako, wani da ta lantarki irin ta wasan biki, kuma a nan mutanen waje suka fara jin zafin hannunsa. A 2015 ya fito a fim ɗin Akounak Tedalat Taha Tazoughai, wanda aka ɗauka a Agadas cikin harshen Tamashek bisa tsarin Purple Rain na Prince, labarin mai jita da mahaifinsa ba ya son sana'arsa, a garin da waƙa ke yawo ta waya. Ƙungiyar ta daidaita da Ahmoudou Madassane a jita ta biyu, Souleymane Ibrahim a ganguna, da Ba'amurke Mikey Coltun a bas. An ɗauki Ilana a Detroit ya fito a 2019, sannan kamfanin Matador ya fitar da Afrique Victime a 2021 da Funeral for Justice a 2024, inda waƙoƙin suka juya ga siyasa, ga abin da Faransa ta kwasa daga Nijar da halin da aka bar talaka a ciki. Juyin mulkin 26 ga Yuli 2023 ya same su suna rangadi a Amurka, aka rufe iyakoki, suka kasa komawa gida na wani lokaci. A wannan zaman suka sake ɗaukar waƙoƙin Funeral for Justice da jitar katako, aikin da ya fito a 2025 da sunan Tears of Injustice. Iyakar Illela da Ƙonni ma ta kasance a rufe watanni da dama saboda takunkumin ECOWAS.

Ba a Anar ne jita da ganguna irin na zamani suka fara shiga faifai daga Arewa ba. A shekarun 1970, lokacin da ƙungiyoyin rok irin Ofege da BLO da Funkees ke tashe a kudu, Kano tana da Elcados, waɗanda kamfanin EMI ya buga wa faifai. Bala Miller, ɗan asalin Zariya, ya kafa babbar ƙungiyarsa ta Pirameeds yana waƙa da Hausa. Abin lura shi ne ta hannun wa waɗannan ayyuka suke dawowa. Waƙoƙin Elcados sun sake fitowa ne a tarin Nigeria Rock Special na kamfanin Soundway na Ingila a 2008, shekarar da ake ɗaukar Anar. Matasan Kano da yawa ba su taɓa jin sunan ba.

Wannan shi ne abin da ya kamata ya dami mai kishin al'adun ƙasar nan. Idan mujallun waje suka zo ba da tarihin Mdou Moctar, layi ɗaya suke ba Sakkwato su wuce. Ba za a zarge su ba, tun da a gida ma ana ɗaukar kiɗan fiyano abin yayi, a ji yau a goge gobe don a samu wurin sabo. Malamai sun rubuta littattafai a kan Narambaɗa da Ɗanƙwairo da Shata, kuma sun cancanta. Masu kiɗan situdiyo na shekarun 2000, waɗanda suka ƙirƙiro sautin da ya mamaye ƙasar Hausa ya tsallaka har hamada, kaɗan ne aka tsaya aka rubuta aikinsu, in ban da ƙoƙarin masana irin Farfesa Abdalla Uba Adamu. Kaset yana iya shekara talatin a cikin akwati a same shi da sauran rai. Kwamfutar situdiyo kuwa rana ɗaya take mutuwa da duk abin da ke cikinta, memori kuma ya fi ƙwayar gyaɗa sauƙin ɓata. Gidajen adana tarihi irin Arewa House a Kaduna da cibiyar Waziri Junaidu a Sakkwato sun nuna cewa an iya tattara takardun da suka shekara ɗari biyu. Tsofaffin kwamfutocin masu turi da na situdiyoyi suna bukatar irin wannan hannu, kuma masu su suna nan da rai, ana iya zama da su a tambaye su wa ya buga me, a wace shekara.

Ita kanta sana'ar turi ta ja baya tun da data ta yi sauƙi, waƙa ta koma WhatsApp da YouTube da TikTok. Sahel Sounds ta bi wannan canji. A 2020 ta riƙa fitar da ƙaramin kundi kowane wata da sunan Music from Saharan WhatsApp: mawaƙa su ɗauki waƙoƙinsu da waya a gida, su tura ta WhatsApp, a sa su a kasuwar intanet na wata guda, kuɗin duka ya koma hannunsu. Kundin farko a jerin na Etran de L'Aïr ne, ƙungiyar 'yan uwa masu wasan biki a Agadas, waɗanda suka fara kiɗa tun 1995 amma ba su samu faifan kansu ba sai a 2018.